Gwiwar Iye a Cikin Taɓo

A Etiere, inda gidajenmu ke tsaye kan turaku a bakin teku, namiji zai shiga ruwa da hadari a kansa yana waƙa, amma uwarsa ta ɗan sunkuya a gabansa za ta ɗauki tsintsiya, sai ka ga ƙato ya yi tsalle gefe kamar ya taka garwashi. Haka muka taso muka tarar. Uwa sau ɗaya take durƙusa wa ɗanta, ranar da ta haife shi. In ta sake kai gwiwa ƙasa a gabansa da gangan, ta mayar da abin da ta karɓo ke nan. Magani ɗaya ne: ɗan ya zube rub da ciki, ƙirji da fuska a ƙasa, kada ya ɗago sai ta miƙe. Kuma da ƙafafunta za ta miƙe. In wani ya ɗaga ta, gwiwar tana nan inda ta ajiye ta, ko da mai gwiwar ta koma gida ta ci tuwo.

Tinuola ta san wannan tun tana yarinya, amma ba ta taɓa gani da idonta ba, ba ta kuma taɓa zaton a gidan aurenta za ta gani ba. Mijinta Kokumo masunci ne, dogo, mai yawan dariya, irin mutanen da ba su jin magana sai sun gama tasu. Shi kaɗai ya tsaya wa uwarsa. Waɗanda ta haifa kafin shi duk sun koma tun ba su yi haƙori ba, shi ya sa aka raɗa masa wannan suna, wato wannan kam ba zai mutu ba. Uban kuwa teku ta ɗauke shi Kokumo yana goye. Saboda haka tsohuwar, wadda kowa ke kira Iye, ko tari ɗanta ya yi sai ta leƙo.

A shekarar da injin jirgi ya shigo mana, abokin Kokumo mai suna Monehin ya samo guda, suka haɗa kai za su bi gaɓar teku har Gabon, inda aka ce kifi na tsufa ya mutu ba wanda ya kama shi. Tinuola tana da tsohon ciki a lokacin. Ba ta son tafiyar ko kaɗan, amma ta haɗiye, don ta san in ta buɗe baki ita da surukarta za a haɗa a yi wa dariya.

Ana saura 'yan kwanaki, da yamma, tana zaune a ƙofar ɗaki tana shafa wa Iye man kaɗe a gwiwa. Gwiwar dama ta daɗe tana ba tsohuwar wahala.

"A hankali, amaryata. Ba rogo kike kirɓawa ba."

"Iye, ai ita ce ta kumbura kamar kwakwa."

"Ta kumbura mana, ta yi aiki. Ke taki ko fara aikin ba ta yi ba." Ta dangwali cikin Tinuola da yatsa. "In wannan ya fito ki taɓa gwiwarsa ki ji. Ba ƙashi a wurin, laushi lugub. Kin san dalili? Kafin ya zo duniya ya daɗe a durƙushe gaban Mahalicci yana zaɓen rabonsa, har ƙoƙon ya cinye. Sai ya iso nan yake sake yin wani. Kakata ta ce da mutanen farko suke raɗa wa gaɓoɓin jiki suna, gwiwa suka bari ƙarshe, don sun rasa me za su ce mata. Hannu kamawa yake, ƙafa takawa take, ita kuwa ƙofa ce. A kanta aka zaɓa, a kanta aka shigo. Shi ya sa mai roƙon abu mai nauyi da ita yake roƙo, mai ƙarfin zuciya a ce gwiwarsa ce da ƙarfi, wanda ya karaya a ce tasa ta yi sanyi."

Kokumo na gefe yana ɗinkin raga. Ya ƙyalƙyale da dariya.

"Iye, in fasto ya ji wannan wa'azin sai ya karɓe farar rigarki ta coci."

"Fasto ma ta gwiwa ya zo. Kai kuma ba inda za ka."

"Kafin ruwan sama ya sauka na dawo."

"Haka ubanka ya ce."

"Baba da filafili ya tafi. Ni inji gare ni."

"Teku ta san wani inji?" Tsohuwar ta janye ƙafarta daga hannun Tinuola, ta rufe ta da zani. "Kokumo, kada ka sa in yi abin da ba na so."

Ba ta faɗi ko mene ne ba. Gwiwarta kawai ta kalla. Kokumo ya sake yin dariya, ya ce zancen tsofaffi ne, mutanen birni iyayensu na durƙusawa su goge ɗaki a gabansu kuma ga su nan da tumbi. Amma da ya tashi fita, Tinuola ta lura ta gefen bango ya raɓa, bai bi ta gaban uwarsa ba.

Ranar tafiya da safe ruwa ya janye can nesa, ya bar taɓo baƙi fetal yana sheƙi, ƙaguwoyi na ta guje-guje a kai. Jirgin yana kwance a kan taɓon, nesa da gidaje, an jera katakai ɗaya bayan ɗaya har wurinsa. Haka ake lodi a wurinmu: a cika jirgi yana ƙasa, in ruwa ya dawo ya ɗaga shi. An loda gari da manja da ƙullin rogon da muke kira pupuru da jarkokin fetur. Rabin ƙauye ya biyo katakan don ganin inji. Har Baba Ogbaro ya zo, tsohon mai gyaran jirage, wanda in gardama ta tashi kan abin da ya halatta da wanda bai halatta ba, bakinsa ake kallo.

Tinuola tana miƙa wa mijinta kwanon abinci sai ta ji surutu ya ɗauke a bayanta. Ta waiga. Iye ce tafe a kan katakan, ba sanda, ba mayafi, tana jan ƙafar dama. Mutane suna matsa mata ba wanda ya ce sannu. Sai Tinuola ta ga tsohuwar ta tattare zaninta sama da gwiwa.

Kokumo yana tsaye cikin taɓo, ɗan nesa da jirgin, yana naɗe igiya.

"Iye, me ya fito da ke? Za ki zame fa."

"Sauke kayanka."

"Haba Iye, a gaban mutane?"

"Sauke kayanka, ɗana."

"Ba zan sauke ba."

Ta sauka daga katakon ta tako cikin taɓo. Tinuola ta rantse daga baya cewa tsoratarwa kawai tsohuwar ta yi niyya, ta taɓa ƙasa ta miƙe, ya ga da gaske take. Ta lanƙwasa ƙafa a hankali, idonta a kansa, tana jira ya ce tsaya. Shi kuma yana jira ta fasa. Taurin kai iri ɗaya ne da su. Gwiwoyinta suka sauka cikin taɓo, duka biyu.

Wata mata ta ƙwalla ƙara. Kokumo, mai zancen mutanen birni, bai ko saki igiyar ba ya zube. Jikinsa ne ya riga shi. Ya kwanta rub da ciki, kuncinsa manne da taɓo, yana cewa, "Iye tashi, Iye na tuba, tashi."

"Ka fasa?"

"Na fasa, na fasa! Tashi!"

Ta dafa ƙasa za ta miƙe, hannayenta suka lume har wuyan hannu. Ta zare su ta sake gwadawa. Ƙafar hagu ta ɗan motsa, ta dama kuwa ta ƙi. Taɓonmu ba ya sakin abin da ya kama da daɗi, kuma gwiwar da ta kumbura ta kafe a lanƙwashe. Tsohuwar ta yi murmushin kunya, ta ce, "Ku dakata, yanzu." Ta yunƙura ta uku, fuskarta ta canza.

A lokacin ne Tinuola ta ji sanyi a tafin ƙafarta. Ta duba. Wani siririn ruwa mai kumfa ya malalo kan katakon ya wuce. Ta ɗaga kai ta kalli teku. Layin nan fari da ke can nesa ɗazu ya matso.

Monehin ya duro daga jirgi ya nufi tsohuwar da hannu biyu. Baba Ogbaro ya tare shi da sanda a ƙirji.

"Kada ka taɓa ta."

"Baba, ruwa na zuwa!"

"Ina da ido. Ka san Ojajuni? Ba ka san shi ba, kana tsumma. Uwarsa ta durƙusa masa a kasuwa, maƙwabta suka ji tausayi suka ɗaga ta. Ya tashi yana kaɗe riga yana dariya. Shekara ba ta zagayo ba aka tsince shi a bayan gidansa, cikin ruwan da bai kai masa gwiwa ba. Mutumin da ke ninƙaya kamar kifi. In kana son abokinka, ka mayar da hannunka aljihu."

"To shi ya tashi mana! Kokumo, tashi, ai ta yafe!"

"Na yafe," in ji Iye. "Na janye, kowa ya shaida, na janye. Tashi, ɗana."

"Baki ba ya janye abin da gwiwa ta ajiye," in ji Baba Ogbaro.

Kokumo bai ɗago ba. Ya cusa yatsunsa cikin taɓo ya riƙe, kamar mai tsoron kada jikinsa ya tashi ba da izininsa ba. Ruwa ya zo ya shafi kuncinsa ya koma. Ya sake zuwa, wannan karon bai koma duka ba.

Aka shiga kawo abin dafawa, tunda itace ba mutum ba ne. Aka kafa mata filafili, ta rataya a jiki, ya nutse cikin taɓo ya kwanta. Aka kife kwandon kifi, ta dafa, ya murƙushe. Aka turo jarka, ta sulle daga ƙarƙashin hannunta. Aka ja katako kusa da ita, amma katako a ƙasa yake, ita kuwa abin da zai kai mata ƙugu take bukata. Jirgin ga shi ana gani, amma da lodinsa ko mutum nawa ne ba za su matsar da shi ba. Wasu suka ruga gida ɗauko turmi. Tinuola ta bi su da kallo, ta ga tsawon katakan, ta ga yadda ruwa ya fara ɗaga na tsakiya suna lilo, ta san turmin nan ba zai iso a kan lokaci ba.

Ruwa ya rufe bakin Kokumo. Yana karkata kai yana jan iska ta hanci ɗaya, tsakanin zuwan ruwa da komawarsa. Ruwan da ko agwagwa ba za ta yi iyo a ciki ba, shi zai kashe mata miji a gaban idon gari. Monehin ya fizgo tiyon inji ya busa, ya cusa masa a baki ya riƙe ɗaya bakin a sama. Kokumo ya ja, fetur ya sarƙe shi, duk bayansa ya girgiza da tari, amma bai ɗago ba. Ya sake kama tiyon da haƙori.

Tsoro iri biyu ya kama Tinuola, kowanne yana jan ta gefensa. In ya tashi ya mutu, in ya kwanta ya mutu. Ta kalli mazan da ke tsaye, ƙarti masu jan raga, kowa ya sunkuyar da kai. Ta san abin da ke ransu: an ce wanda ya shiga tsakanin gwiwar uwa da ɗanta yana ɗibar rabonsa. Iye kuwa ta daina yunƙuri, tana ta dukan gwiwarta da hannu tana zaginta kamar wata baƙuwa.

Tinuola ta ajiye kwanon abincin da har yanzu ke hannunta. Ta taka kan katakon da ke gefen tsohuwar, ta durƙusa, ta dafa hannu biyu, ta miƙe bayanta.

"Ke! Me kike yi da wannan cikin?" in ji Baba Ogbaro.

"Ba ɗaga ta zan yi ba, Baba. Turmin ne ya iso."

"Ke mutum ce."

"Ba ni da hannu, ba ni da baki. Ta dafa kawai."

Tsohon ya kalli Kokumo, wanda yanzu ƙeyarsa kaɗai ake gani. Ya goge fuska.

"To ki ji da kyau. Turmi ba ya motsi. In kika ɗago bayan nan ko da kaurin farce ne, ke kika ɗaga ta, kuma kin san sauran."

"Na ji."

"Amaryata," in ji Iye, "jikana."

"Dafa, Iye. Ki bar magana."

Tsohuwar ta ɗora damatsanta a bayan Tinuola. Ashe tana da nauyi haka. Cikin ya yi ƙasa yana taɓa ruwa, ƙugun Tinuola ya ɗauki zafi, ta cije leɓe ta kafe idonta a kan hannun mijinta, wanda ke ƙarƙashin ruwa kusa da nata. Ta ji Iye ta zaro ƙafar hagu da wani sauti kamar an buɗe tulu, ta ɗora ta kan katako. Mutane suka yi ajiyar zuciya tare. Saura ta dama.

Iye ta yunƙura. Ta taso rabi, ta tsaya a nan, ba sama ba ƙasa, duk jikinta na karkarwa, karkarwar na bin kashin bayan Tinuola. Kaɗan ya rage. Tinuola ta ji da fatarta yadda kaɗan ɗin yake, ta kuma ji damatsan tsohuwar sun fara zamewa a kan jiƙaƙƙen zaninta. In ta koma ƙasa wannan karon ba za ta sake tasowa ba.

Igiyar ruwa ta zo babba ta bugi Monehin, tiyon ya kuɓuce daga bakin Kokumo. Kumfa ta taso. Tinuola tana kallo yatsun mijinta da suka damƙi taɓo suka fara buɗewa ɗaya bayan ɗaya.

Ta ja numfashi, bayanta ya taso.

Wani abu ya yi ƙas a gwiwar Iye, har na cikin jirgi suka ji. Tsohuwar ta kurma ihu, kuma da ihun ta miƙe tsaye, taɓo na zuba daga ƙafafunta, hannayenta a sama ba ta riƙe da komai.

"Ta tashi! Ku ɗago shi!"

Maza suka afka. Aka juya Kokumo, aka danna masa ciki, ya amayar da ruwa baƙi da warin fetur, ya yi tari, ya buɗe ido. Mata suka ɓarke da kuka da waƙar coci a haɗe. Aka tallabe Iye, tunda yanzu ba laifi, ƙafar damanta na reto. Tinuola ce ƙarshen wadda aka tuna da ita. Tana nan a durƙushe ruwa na dukan cikinta.

Baba Ogbaro ya sa aka yi shiru. Ya tsaya a kanta.

"'Yata, kin motsa?"

Duk gari na kallonta. Mijinta ma, daga inda yake zaune a gefen jirgi, ya juyo da jajayen idanu.

"Ban motsa ba, Baba."

Ya juya wurin tsohuwar. "Uwar Kokumo, da ƙafarki kika tashi?"

Iye ta runtse ido. Mutane suka ɗauka zafin gwiwa ne.

"Da ƙafata," ta ce.

"To babu komai a kansa. Ta ɗauke abin da ta ajiye. Hanyarsa a buɗe take, tudu da ruwa."

Da ma tsohon bai ƙara wannan ta ƙarshen ba. Kokumo ya kwana yana tari, ya tashi da safe wani sabon mutum. Ya ce wanda ya kwanta a ƙarƙashin teku ya tashi, me kuma teku za ta yi masa? Alkawarin fasawa da ya yi, ya ce an yi shi ne da gwiwa a ƙasa, gwiwa kuma ta tashi. Lodi na nan a jirgi, Monehin na jira. Ya zo ya kwanta a gaban uwarsa ya nemi albarka, yana tsokanarta wai yanzu ko ta so durƙusawa sai ta nemi aron gwiwa. Ƙafarta na ɗaure da tsinken gora, miƙe samɓal.

Tinuola na tsaye a bakin ƙofa. Kalma ɗaya za ta faɗa ya fasa tafiyar. Amma kalmar nan ita ce za ta gaya masa, ta gaya wa gari, cewa shi matacce ne mai yawo, kuma ta san mijinta: wanda ya yarda ya nutse a ruwa mai kaurin tafin hannu don tsoron abin nan, ba zai kai shekara da saninsa ba. Ta kalli Iye. Iye ta ɗora hannu a kan ɗanta ta sa masa albarka, doguwa, har da ta kifi da ta iska.

Aka ɗauko tsohuwar a kujera aka ajiye ta a ƙarshen gadar katako, inda ake hango teku. Tinuola ta zauna a ƙasa kusa da ita. Ruwa ya cika, jirgin ya ɗago, injin ya yi tari ya kama. Kokumo ya ɗaga musu hula. Suka ɗaga masa hannu, su biyun, har da murmushi. 'Yan rakiya suka watse ɗaya bayan ɗaya.

"Amaryata."

"Na'am, Iye."

"Jiya bayanki ya motsa."

Tinuola ba ta juyo ba.

"Numfashi na ja, Iye."

"Numfashi."

"Mai ciki ba ta iya riƙe numfashi."

Tsohuwar ta jinjina kai a hankali, idonta a kan jirgin da ya koma kamar ƙwayar wake.

"To numfashi ne," ta ce. "Ni ma haka zan faɗa in an tambaye ni a can."

Ta laluba ta kama hannun Tinuola ta riƙe gam, tafinta sanyi ƙalau. Ɗan cikin ya juya, ya tokari uwarsa a ƙarƙashin haƙarƙari da wani abu mai laushi, ta kuwa san ko wace gaɓa ce. Suka zauna suna sauraren injin har ƙararsa ta ɓace cikin ƙarar teku. Rana ta take, ruwa ya fara janyewa, taɓon jiya ya sake fitowa sumul ba ko alamar inda aka durƙusa, kuma a cikinsu babu wadda ta yarda ta ce a tashi a shiga gida.